Ranar da Na Yanke Uwar Igiya

Ku gyara zama, ku janye ƙafa daga murhu. Abin da zan faɗa ba ji na yi ba. Ƙafata ce ta taka, idona ya gani, hannuna ya aikata. Ni ce Hakama 'yar Nomau, ungozomar garin Mara, garin da yau babu shi, kuma ni ce sanadi.

Tun farkon fari babu ƙasa sai ruwa, ruwan kuma ba shi da gaɓa. Gundumau kaɗai ke tafe a ciki, ruwa iya ƙugu, da mutane cike da tafin hannunsa kamar tururuwa. Shekara dubu yana neman inda zai sauke su, bai samu ba. Hannu ya gaji, mutane suka fara zubowa ta tsakanin yatsu, kifi na cinyewa. Sai ya ce, "To, ku taka ni." Ya kwanta rigingine a kan ruwan, kai arewa, ƙafa kudu. Namansa ya zama ƙasar noma, haƙarƙarinsa duwatsu, gashinsa kurmi, jijiyoyinsa koguna. Ya rufe baki, bai ƙara magana ba. Haka kakanni suka faɗa. Suka ce kuma namiji ne, Uban Ƙasa, don wai wace mace ce za ta iya ɗaukar duniya.

Garinmu yana can ƙasan ciki, shi ya sa ake ce masa Mara. A kudu da gari akwai Babbar Tsaga. Lokaci-lokaci ƙasa takan ɗaure ta yi tauri kamar dutse, ta girgiza, tukwane su zube, tsagar ta ƙara buɗewa. Mukan ce Uba ya yi miƙa. Domin haka muke da maɗinka, maza ne masu tuƙa igiyar rama mai kaurin cinya. Sun kafa turaku a gaɓa biyu, suna zarga igiya daga wannan turke zuwa wancan kamar mai ɗinke ƙwarya, kuma dukan ɗinkin yana rataye ne a kan igiya guda, uwar igiya, wadda aka ɗaure a gindin wata tsohuwar kuka. Amma sun ce zare kaɗai ba ya rufe rauni, nama da nama ake yi wa maho. Duk miƙar da ta tsinka igiya, sai a zuba tsakuwa a gora, kowane gida ya sa hannu. Wanda ya zaro baƙa, shi ne maho. A zaunar da shi a kwando, a zura shi cikin tsagar da ransa, a ja igiya.

Ɗana na fari, mai yatsa shida a hannun dama, shi ya zaro baƙa yana da shekara ashirin. Kun san ba a kiran sunan ɗan fari, ba a yi masa kuka a gaban mutane. Na tsaya a bakin tsaga na ciji leɓena har haƙori ya haɗu da haƙori. Ga tabon nan, ku taɓa. Mata suka yi ta yabona, wai Hakama akwai kunya.

Bayan shekara bakwai 'yata Shekara ta zaro baƙa, tana da cikin wata huɗu.

Sarkin Ɗinki yayana ne, Jatau, nono ɗaya muka sha. Na same shi a zaure yana murza rama a cinya.

Na ce, "Yaya, gida ɗaya sau biyu?"

Ya ce, "Tsakuwa ba ta san gida ba, Hakama."

"Kai ka sani ai. Kai ka yi mata huɗuba da ta zo duniya, ka tauna dabino ka sa mata a baki."

Bai ɗago ba. Ya ce, "Mai ciki ba ta zama maho sai ta sauka ta gama wankan arba'in. Wannan na iya yi mata. Mijinta ma Tunau maɗinki ne, kin ga ya zo yana yi mini kuka?"

"Tunau ko akuyarsa aka kama sai ya ba da igiya."

"In kina da ƙafa, ki je Baki, can ƙarshen arewa, ki jiyo abin da Uba yake so, ki kawo mana. Al'ada ta ce wanda ya kawo maganarsa, a ɗage ƙuri'a. Sai dai tun da nake ban ga wanda ya kawo ba."

Na lissafa, wata biyar da kwana arba'in. Na ɗauki askata ta yankan cibi, da ƙullin gari, da wani dogon zare da na gada. Kakata ce ta fara shi, ita ma ungozoma. Kowane wata takan auna faɗin yatsa a jikin zaren, in an yi miƙa ta yi ƙulli. Uwata ta ci gaba, ni ma na ci gaba, ban taɓa tambayar amfaninsa ba. Gado ne kawai, kamar tsohuwar tasa.

Shekara ta raka ni ƙofar gari. Ta ce, "Inna, da gwiwar nan taki?"

Na ce, "Gwiwata ta fi bakinki aiki. Ki rage gishiri, ƙafarki ta fara kumbura."

Na bi Baƙar Hanya, wani layi baƙi wuluk da ya miƙe daga garinmu zuwa arewa, ba wanda ya share shi, wai a zamanin kakanni ya fito da kansa. Kwana talatin ina hawa, don ƙasar tudu ce mai tasowa kamar kifaffiyar ƙwarya. A ƙoli na iske Dutsen Cibiya. Wata tsohuwa mai sayar da daddawa a gindinsa ta ce mini, "Baƙuwa, da kakata na yarinya wannan dutse rami ne, da guga ake ɗebo ruwa a ciki. Yau ga shi sai an hau." Na ce ikon Uba, na wuce.

Na gangara cikin Duwatsun Haƙarƙari, inda ƙasa ke tashi da mutum ta sauke shi sau biyu a yini, har na kai Tagwayen Tuddai. A nan aka kama ni. Kan kowane tudu akwai marmaro, kuma shekara biyu ke nan suna fitar da wani ruwa mai kauri, rawaya, mai danƙo. Mutanen wurin sun ce dafi ne. Duk baƙon da ya ratso sai su ɗaura masa igiya a ƙugu, su ɗora masa tulu, ya yi ta kwasa yana kaiwa teku har ƙarfinsa ya ƙare. Na iske mutum ɗari da wani abu a jere, hannuwansu naɗe da tsumma don kada ya taɓa su. Kwana goma sha biyu ina ɗauka, ina ƙirga kwanakin Shekara suna zuba tare da shi.

Ranar sha uku tulun ya ɗiga mini a wuyan hannu. Na sunsuna. Na san wannan ƙamshi. Shekara arba'in ina matse irinsa daga ƙirjin masu jego ina zubarwa, dakashi ne, nonon fari. Mu ma mukan ce ba shi da kyau, amma na sha ganin ɗan akuya ya sha na uwarsa ya miƙe yana tsalle. Zuciyata ta raɗa mini wata magana, na ce mata yi shiru, tsohuwar banza.

Na jira sai da mai tsaronmu ya matso da bulala. Na sauke tulu, na kafa kai na sha har ya zubo mini a haɓa.

Ya ja da baya. Ya ce, "Iya, kin kashe kanki."

Na ce, "To tsaya ka ga gawa."

Suka kewaye ni tun hantsi har rana ta karkata. Ban mutu ba, gyatsa kawai na yi, gwiwata ma ta daina ciwo. Sai suka ce mayya ce, suka kwance ni da kan sanda don kada su taɓa ni, suka kora ni bayan gari da jifa. Na ce wa sauran su sha, ba wanda ya yarda. Har yau ina ganinsu a jere.

Tsakanin tuddan nan akwai Ƙasar Zuciya, inda ƙasa ke bugawa kamar tambari dare da rana. Mutanenta duk kurame ne, da hannu suke magana. Wata dattijuwa ta ba ni fura, ta kama tafina ta buga a hankali, da ƙarfi, ta nuna furfurarta da bayanta, wato haka yake a dā. Sannan ta buga da sauri, sama-sama, ta nuna ƙasa, wato yanzu. Na sha riƙe wuyan hannun macen da jijiyarta ke irin wannan gudu. Ba su cika kwana ba.

A wata na huɗu na haura Haɓa. Masu tsaron Baki suna zaune a ƙarƙashin wata katanga doguwa. Duk wanda ya zo sukan karɓi abin da ya kawo, su ɗaure masa ido, su kai shi jikin katangar, ya ji murya daga sama. Aka ɗaure nawa. Muryar ta ce, "Ku ƙara maho." Sai ta yi tari.

Na ce, "Wannan tarin na ji shi ɗazu a zaure. Mai tsaro, ka sha saiwar marke, zai sake ka."

Suka kwance mini ido. Shugabansu, wani dogo mai jan ido, ya ce a kai ni bakin dutse a tura, nan ne hanyar masu kunnen tsiya. Shi ya sa ba mai komawa da magana. Ana jana sai na ji wani nishi daga bukka, siriri, irin wanda ake dannewa da tsumma.

Na ce, "Kwana nawa take a durƙushe?"

Dogon ya tsaya. Ya ce, "Uku. Matata ce, cikin fari."

"To tura ni, gobe ka haƙa rami biyu."

Ya sake ni. Na shiga na iske yarinya ƙarama, ta ciji leɓe jini na bin haɓarta, don surukarta na zaune a ƙofa. Na kori tsohuwar. Na ce, "Yi kuka, 'yar nan, babu mai jin ki sai ni." Ɗan ya zo a gicciye ne, na juya shi, kafin rana ta yi tsaka ya faɗo yana tsala ihu. Dogon ya ce in faɗi ladana. Na ce a bar ni in hau katangar da idona a buɗe.

Na hau. 'Ya'yan nan, katangar ba katanga ba ce, leɓen ƙasa ne. A samansa ga haƙora farare, kowanne ya fi gidan sarki, sun nutse cikin naman leɓen sun kafe. Daga inda suka huda jini ke ɓulɓulowa, shi ne mafarin Jan Kogi, wanda ke bi ta gefen garinmu, muna cewa jan laka ne ya rina shi. Ina tsaye aka yi miƙa. Na ga haƙoran sun ƙara nutsewa, jinin ya ƙaru, amma ko uffan.

Na zauna a wurin na warware zaren gado a kan cinyata. A gefen kakata, tsakanin ƙulli da ƙulli ya kai kamu biyu. A na uwata, taki ɗaya. A nawa, ƙulli na hawan ƙulli. Ko yarinyar da ta fara bin ungozoma jiya ta san abin da wannan ke nufi. Ramin cibiya ya turo waje, baƙin layi ya sauko mara, nono ya kawo. Shekara ɗari tana naƙuda, a rigingine, ba ta durƙusa ba don kada mu zube cikin ruwa. Mu kuwa muna can ƙasa muna ɗinke mata hanya, muna cusa mata 'ya'yanmu.

Na dafa leɓen da tafina, yana da zafi. Na ce, "Sannu, yarinya. Sannu. Kunyar wa kike ji? Babu surukai a nan. Riƙe kaɗan, ina zuwa."

Dogon ya ba ni babban gora irin na masunta. Na rungume shi na faɗa Jan Kogi. Tafiyar wata huɗu kogin ya yi mini ita a kwana ashirin da biyu, fatata duk ta saɓule, ina ƙulla zare a kan ruwa. Da na fito a mashigin Mara, miƙa sau uku ake yi a yini.

Garin ba kowa, duk suna bakin tsaga. Shekara ta haihu kwana tara da suka wuce, mace. Ba su jira arba'in ba. Na iske ta zaune cikin kwando, jaririyar a hannun maƙwabciya, ta ciji leɓe.

Na ratsa taro na tsaya gaban Jatau, jikina ja da jinin kogi. Na ce, "Yaya, na je Baki. Gundumau mace ce, haihuwa take yi. Ku kwance igiyoyin nan."

Maza suka yi dariya, irin dariyar masu tsoro. Jatau ya ce, "Da bakinsa ya gaya miki?"

"Ba ta magana. Ta ciji leɓe."

"To ba ki kawo magana ba, Hakama. Kin kawo tatsuniyar ungozomomi."

Na bar shi na juya wajen mata. Na miƙa musu zaren, ban ce komai ba sai, "Kowane ƙulli miƙa ɗaya." Ya bi hannu-hannu. Na ga tsofaffi suna shafa shi daga farko zuwa ƙarshe, suna kallon juna. Wata ta ce a hankali, "Ta kusa." Na ce, "In faya ta fashe, garin nan kogi ne. Ku kwashi yara ku hau Dutsen Gwiwa." Suka fara zamewa ɗaya-ɗaya, da goyo, da tsofaffin da ke iya tafiya. Mazan ba su kula ba, don ƙasa ta fara ɗaurewa.

Akwai al'ada ɗaya da ta rage mini. Uwar maho ita ke ɗaura masa zanen ƙarshe, ita kaɗai ake bari ta matsa kusa da kwando, a gindin kukar nan. Na karɓi zanen na je. Shekara ta ce, "Inna, kin rame."

Na ce, "Fito."

"Inna, mutane na kallo."

Na kama kunnenta kamar tana 'yar shekara biyar, na fizgo ta waje. Na ce, "Karɓi 'yarki ki bi mata. In kika waiwayo ban yafe ba." Ta tafi tana jan ƙafa.

Miƙar ta zo. Uwar igiya ta miƙe ta yi tauri har tana kuka kamar tsirkiya. Maɗinka goma sha ɗaya suna can tsakiyar tsaga, tafe a kan igiyoyi suna ƙara zarge. Tunau na cikinsu. Na gan shi sarai, da jar hularsa, kada wani ya ce muku ban gan shi ba. Na kira su sau biyu su sauko, ƙarar ƙasa ta cinye muryata. Jatau ya hango askar, ya taho a guje yana cewa, "Hakama, don nonon da muka sha." Ungozoma ta san ba a yanka sai ciwo ya kai ƙarshensa. Ya kai. Na ɗora aska.

Ban ma ja da ƙarfi ba. Igiyar ta tsinke da kanta, ɗinkin shekara ɗari ya warware daga wannan gaɓa zuwa waccan kafin mutum ya haɗiye yawu. Sai daga arewa, daga can ƙarshen duniya, muka ji kuka. Kukan mace ne, ɗaya tak, dogo. Tsuntsaye suka faɗo daga sama.

Ruwan ya zo da ɗumi. Ya ɗauke turaku, ya ɗauke maɗinka, ya ɗauke Jatau da hannunsa a miƙe gare ni, ya ɗauke Mara da rumbunanta. Ni reshen kuka ya riƙe ni. Kwana biyu ina maƙale, ƙasusuwan maho suna wucewa ta ƙarƙashina, fari fat, ɗaruruwa. Wani hannu ya sarƙe a reshen da nake, na duba, yatsa shida. Na ɗauke shi na sa a ƙirji. Na ce, "Dogara." Shekara ashirin da bakwai ban taɓa faɗin sunan ba. Na yi ta faɗa har muryata ta dushe, babu wanda zan ji kunyarsa.

Rana ta uku abin ya fito. Daga kan Gwiwa mata suka ga ƙasa sabuwa tana zamewa cikin tekun kudu, ja, jiƙe, tana tururi, da farin maiƙo a kwarurrukanta. Igiyar cibi ta haɗa ta da uwar, kaurinta ya fi ganuwar birni.

Uwar ba ta tashi ba. Riƙon da aka yi mata ya yi yawa. Jan Kogi ya ƙafe, iska ta tsaya, ƙasa ta fara sanyi ƙarƙashin ƙafa, shuka ta bushe a tsaye. Da wasu kurame suka iso suka shimfiɗa tafinsu shiru a gabana, na gane zuciyarta ta daina bugawa. Muka bi ta kan igiyar cibi muka ƙetaro, mu da duk wanda ya iya isowa daga sauran ƙasashe. Mata ɗari uku muka yi kwana arba'in muna yanka da aska da gatari. Da ta rabu, muka tsaya muna kallon tsohuwar duniya tana nisa, tana nutsewa kaɗan-kaɗan, fuskarta a sama.

Wannan ƙasar da kuke zaune a kai ita ce jaririyar. Shekara ta rayu, ga ta can tana tankaɗe. Shekara goma sha ɗaya ke nan tana kawo mini tuwo kowace rana, ta ajiye a ƙofa, ba ta ce mini ci kanki ba. Wata ta gaya mata na ga jar hular. Ban musa ba.

Na kafa bukkata a nan arewa, inda ƙasa ke da taushi tana motsi a hankali. Maɗiga ce, ba ta haɗe ba tukuna, ina zaune a kai don kada wani ya zo da fartanya. Bara da kaka ƙasa ta ɗan tsage a bayan kasuwa, tsagar girma ce kawai irin ta fatar yaro, amma na ga samari uku a zaure suna murza rama a cinya. Suna ta cewa Ɗan Uba, Ɗan Uba.

Ni na yanke cibin, ni na duba. Mace ce.

Ke, 'yar Shekara, matso. Ba ni hannunki. Ga sabon zare, ga inda ake farawa. Kowane wata faɗin yatsa ɗaya.